Rijiyoyin da Haruna Bai Haƙa Ba

Jiya da kuke zaune a nan ƙofar gida na ji ɗayanku yana cewa aikin da na yi a kotu ba wani aiki ba ne. Wai mota ta buge mutum, sai a dubi albashinsa na wata, a ninka da watannin da ya yi a kwance, a miƙa masa. Na yi shiru ne don ina alwala. Yau tunda kun dawo, ku gyara zama. Mai albashi ai ba ya bukatar irina. Mutanen da na yi wa aiki shekara ashirin da huɗu, daga ƙasar Bici har ƙauyukan Makoɗa, ban tuna guda biyar masu albashi a cikinsu ba. Manoma ne, da masu jakai, da masaƙa, da mata masu tuyar ƙuli-ƙuli. Ka tambayi ɗayansu abin da yake samu a wata, ya ce maka alhamdu lillahi. To, ninka mini alhamdu lillahi sau huɗu in gani.

Ni muhuti ne a lokacin, wato mataimakin alƙali, wanda ake aikawa ya gano da idonsa ya dawo ya faɗa. Zamanin Turawa ne, bayan an gama yaƙin duniya na biyu. Sojojinmu sun dawo, da yawansu sun iya tuƙi, cinikin gyaɗa ya buɗe, manyan motoci suka cika hanyar da ke bi ta Bici. Jakai ba su saba da su ba, mutane ma ba su saba ba. Duk kaka sai an kawo mana maganar karaya uku ko huɗu.

Shi raunin kansa ba aikina ba ne. Littafin shari'a ya faɗi abin yatsa, ya faɗi abin haƙori da na ido, alƙali kuma ya san wannan. Amma abincin da mutum ya kasa nema yana kwance, wannan sai sulhu. Masu mota sun fi son sulhun, domin muddin magana tana gaban alƙali 'yan doka suna iya tsare mota, motar da ke tsaye da kaka kuwa cin mai ita take yi. Sulhu kuma ba ya yiwuwa sai an sami adadin da kowane ɓangare zai iya haɗiyewa. Nemo wannan adadin shi ne sana'ata.

Kayan aikina ba su da yawa. Keke, da gafaka, da littafi mai bangon kwali, da fensir, don tawada zubewa take a hanya. Sai mudun kasuwa guda, da igiya mai ƙulli gaba ashirin ta awon gona. Abin da ya fi duka amfani kuwa 'yar jakar ƙwayar tsamiya ce. In za a yi lissafi sai in zube su a tabarma, kowace ƙwaya sule guda, in bar mutum ya ja da yatsansa. Baƙauye ba ya yarda da abin da ka rubuta, kuma yana da gaskiya, amma yana yarda da abin da ya ƙirga da kansa.

Aikin farko da na bi maigidana Malam Sidi, na wani masaƙi ne da mota ta karya masa wuyan hannu. Malam Sidi tsohon muhuti ne, siriri, ba ya son hayaniya, kullum da goro a kunci. Muka sami masaƙin a zaure, aka tambaye shi, ya ce zugu uku yake saƙawa a mako. Ni kuwa da rawar jiki na rubuta uku. Malam Sidi bai musa masa ba. Ya yi masa sannu, ya tambaye shi su wa ke yi masa kaɗi, ya ce tsofaffi huɗu ne a unguwar. Muka bi su gida gida, muna tsayawa a bakin zana, kowace ta faɗi zaren da take kai masa. Da aka haɗa, zaren bai wuce na zugu ɗaya da rabi ba. A hanyar dawowa ya karɓi fensirina ya sa a aljihu, bai mayar mini ba sai bayan wata biyu. Abin da ya ce mini kawai shi ne, mutum ba shi ke faɗin samunsa ba, wanda yake saye wurinsa da wanda yake sayar wa su ke faɗi.

Shekara uku ina ɗaukar masa gafaka kafin ya bar ni in furta adadi a gaban alƙali. A cikinsu na koyi cewa kwana ba ɗaya ba ne. Manomin da ya kwanta kwana goma lokacin noman firi, wato noman farko, ya yi asarar rabin rumbu, wanda ya kwanta wata guda da rani wataƙila hira kawai ya rasa. Na koyi cire abin da mutum zai kashe kafin ya samu, don mai ƙuli-ƙuli ba kyauta ake ba ta gyaɗa da itace ba. Na kuma koyi cewa masu ƙara wa samunsu ba su ne masu wahala ba, waɗannan da tambaya uku ka kama su. Masu wahala su ne masu ragewa. A wancan zamani duk wanda ya shigo ƙauye a kan keke da littafi a hannu, malamin haraji ne a idon mutane. Sai ka ga mutum mai awaki ashirin ya rantse maka kaza ma ba shi da ita.

Aikin da ya fi koya mini wannan shi ne na Haruna, mutumin wani ƙauye gabas da Makoɗa. Lokacin Malam Sidi ya ajiye aiki saboda ido, ni kaɗai nake fita. Haruna magidanci ne mai mace ɗaya da 'ya'ya biyar, da tsohuwarsa a gida. Ruwan shuka ya sauka da kwana huɗu, ya ɗauko taki a mangala bisa jakinsa zai kai gona, sai ya hau titi don ya tsallaka. Motar wani Alhaji ɗan kasuwa daga birni ta fito kwana, direba ya taka birki, ƙasa jiƙe, gindin motar ya zame ya make shi tare da jakin. Jakin ya tashi ya girgije. Haruna bai tashi ba, cinyarsa ta dama ta karye. Direban bai gudu ba, shi ya ɗauke shi ya kai wa maɗori, kuma bai taɓa musun abin da ya faru ba.

Ba a kimanta rauni sai ya warke, don haka alƙali ya ce a jira. Ana cikin jira shekarar ta lalace. Ruwa ya ɗauke gero yana cikin bununi, wato yana fure, dawa ta tsaya iya ƙugu ta bushe a tsaye, gyaɗa ta yi ganye ba 'ya'ya. Ku ba ku ga irin wannan ba, Allah kada ya nuna muku. Tun kafin sanyi ya wuce mata suka fara dafa tafasa ba gari.

Da aka yi girbi, abin da aka samu a girba, na hau keke na je. Na sami Haruna a zaure, ƙafar ta ɗoru amma ta gajarce da kamar yatsa uku, yana tafiya da sanda. Ƙaƙƙarfan mutum ne mai faɗin kafaɗa, maganarsa ba ta wuce biyu. Na tambaye shi sana'arsa, ya ce noma. Na ce da rani fa, ya ce zama. Na sake tambaya ta wata hanya, ya dubi littafina, ya ce shi talaka ne, Allah gafarta Malam, ba shi da komai sai gonar nan. Na karɓa. Na auna gonar da igiya, na auna biyu na maƙwabta masu irin ƙasarta. Su da suka yi noma a kan kari sun sami kimanin dami goma sha biyar a irin faɗinta. Tasa 'yan uwa ne suka yi mata gayya bayan sun gama nasu, ciyawa ta riga ta ci ƙarfinta, ta ba da dami tara. Bambanci dami shida. Na sa kuɗinsu a tsadar shekarar, na ƙara abin da aka kashe na tuwon gayya da ladan maɗori, ya tashi fam uku da sule huɗu.

Wakilin Alhaji mai motar, wani Malam Bala, ɗan birni ne mai kaifin baki, amma ba azzalumi ba. Da farko ya ce bana ba wanda ya noma abin kirki, mai ƙafa biyu da mai ƙafa ɗaya duk rumbunsu ɗaya, me za a biya? Da na shimfiɗa masa lissafin dami shida ya yarda, har da saurin da ya kamata ya sa ni shakka, amma ban yi ba. Alƙali ya sa aka rubuta. Saura kawai Alhaji ya dawo daga Kurmi inda ya je sayen goro ya sa hannu, Haruna ya dangwala yatsa. Alhaji bai dawo ba sai da bazara.

Ranar da na koma ƙauyen da takarda don dangwale, rana ta take, na iso maƙogwarona kamar an zuba toka. Na sauka gidan dagaci, aka kawo mini ruwa a ƙoƙo, ja wur, rabinsa laka. Dagaci ya ba ni haƙuri, ya ce rijiyarsu ta ja baya tun watan jiya, mata tun asuba suke layi a kan guga ɗaya. Sannan ya ce, kamar mai magana da kansa, da Haruna na kan ƙafarsa ai da tuni ya shiga ya yashe ta ya ƙara mata gaba biyu.

Na ajiye ƙoƙon. Na ce wane Haruna? Ya ce Harunan da na zo wa mana, ai duk ƙasar nan ba wanda ya kai shi haƙar rijiya, gado ya yi wurin ubansa. Ya ce bana da rijiyoyi suka ƙafe, ba makon da ba a aiko nemansa daga wani gari ba, sai a ce yana kwance, su tafi su nemo wasu daga nesa. A nan ne kuma ya gaya mini hatsin Haruna ya ƙare, ya sa gonarsa ta bayan gida a kasuwa, an taya fam takwas, jibi za a zo a shaida ciniki. A ƙasarmu, inda gona ke manne da gona ba ko daji, wanda ya sayar da gonar bayan gida ba ya sake samun irinta, jikokinsa ma ba sa samu.

Na tafi wurin Haruna da takardar a gafaka, ban fito da ita ba. Na zauna, muka gaisa, na ce a nuna mini dagi, ƙarfen haƙar rijiya. Sai matarsa ta yi magana daga bayan zana, ta ce dagi uku ne, suna ƙarƙashin rumbu tare da igiya, tun ranar da na fara zuwa ya sa aka ɓoye.

Na ce, "Malam Haruna, me ya sa ka ce mini zama kake yi da rani?"

Ya ce, "Allah gafarta Malam, na ga littafi. Bara wanda ya zo da littafi ya tambayi maƙerinmu sana'arsa, da aka zo haraji sai da ya sayar da akuya. Na ce in ƙafa ta tafi, kada a ƙara mini da wani."

Na yi masa bayani littafina na alƙali ne, ba na haraji ba, kuma abin da ya ɓoye shi ne ainihin abin da motar ta karya. Ya nuna mini yadda ake sauka rijiya, mutum ya tokare ƙafa dama da hagu a ramukan da aka sassaƙa a jikin bango, nauyinsa duka a kan cinya. Ya ce ya gwada a rijiyar gidan, taku uku ya yi ƙafar ta ƙi, da ƙyar aka jawo shi. Gona zai iya lallaɓawa, amma shiga rijiya kam ya gama.

Na roƙi dagaci ya ja cinikin gonar mako biyu. Ya ce zai ce wa mai saye shaidu ba su cika ba, amma fiye da haka ba zai iya ba, don yara na jin yunwa. Na bar wa gidan sule huɗu daga aljihuna na hatsi, abin da muhuti bai kamata ya yi ba, kuma na faɗa wa alƙali da bakina. Na kuma faɗa masa adadin da na kawo masa a baya gurgu ne, laifina ne, na tambayi mutum ban tambayi garinsa ba. Alƙali ya dube ni, ya ce takardar da ba a dangwala ba ai takarda ce kawai, in je in gyara, kwana goma ya ba ni.

Kafin in fita na biya ta gidan Malam Sidi. Yana zaune a kan buzu, ido ya kusa rufewa. Na zayyana masa komai ina jiran faɗa, bai yi ba. Ya ce in bi rijiyoyin da aka yi aiki a kansu bana ɗaya bayan ɗaya, kada in ƙirga ko ɗaya sai wadda mai unguwarta ya ce Haruna suka fara aika wa. Ya ce in ƙirga kwanaki kamar yadda nake ƙirga kuɗi, don mutum ɗaya ba ya shiga rijiya biyu rana ɗaya, in kuma cire Juma'a. Ina miƙewa ya ƙara da cewa kada tausayi ya sa in yi wa Alhaji abin da sakaci ya sa na yi wa Haruna.

Kwana tara na yi a kan keke, ƙauye goma sha ɗaya. Taya ta fashe sau biyu, na cusa mata tsumma na ci gaba. Duk inda na je sai in bar littafin a gafaka, in nemi a kai ni bakin rijiya, in zura igiyata in auna, in ga sabuwar ƙasar da aka tara a gefe, sannan in zauna da mai unguwa. Wa ya yi aikin, kwana nawa, nawa aka ba shi, wa kuka fara nema? Sai na bar garin nake tsayawa gindin bishiya in rubuta. Na sami aiki ashirin da uku. Bakwai sun ce su dama suna da nasu mahaƙin, na zubar da su. Saura goma sha shida, uku sababbi, sauran yasa da ƙarin zurfi. Farashin bai ɓoyu ba, sabuwa sule biyar kowace gaba, kuma ruwan yankin yana wajen gaba goma sha biyu, yasa kuwa da ƙarin zurfi sule goma sha biyar. Na jera kwanakin, suka shiga cikin rani ba matsi. Na je wurin mutum biyun da ke ja wa Haruna ƙasa in yana haƙa, suka ce kashi ɗaya cikin uku nasu ne. Na je wurin maƙeri da mai tufkar igiya, na ji abin da yake kashewa a shekara.

Ranar zama aka kawo Haruna a kan jaki, masu unguwa uku suka zo shaida da ƙafarsu ba wanda ya biya su. Malam Bala da ya ji an tashi daga fam uku ana maganar sama da goma, sai ya miƙe tsaye. Ya ce Allah gafarta Malam, yaushe aka fara biyan mutum ladan rijiyar da bai haƙa ba, wannan ai shiga gaibu ne. Na ce ba gaibu ba ne, rijiyoyin suna nan, an haƙa su, an biya, kuɗin ya shiga aljihun wasu, ga waɗanda suka fara aika wa Haruna a zaune. Alƙali ya tambaye su ɗaya ɗaya, suka tabbatar.

Na shimfiɗa tabarma na yi tsibi goma sha shida na ƙwayar tsamiya, ina kiran sunan gari ina ajiyewa. Malam Bala ya tsuguna yana bi da ido. Da na zo tsibi na tara ya ɗaga hannu, ya ce wannan garin da na huɗu ai gari ɗaya ne, ya san wurin, yana sayen gyaɗa a can, mutanen gabas suna kiransa da sunan tsohon mai unguwa, na yamma da sunan kukar da ke bakin kasuwa. Na duba littafi, gaskiyarsa. Rijiyar na gani da idona sau ɗaya, na kuma ji labarinta a wani gari da ɗaya sunan na rubuta. Na kwashe tsibin a gaban kowa. Ba daɗi, amma haka aikin yake.

Ina cikin haɗa sauran sai Haruna ya matso da gindi, ya sa hannu ya ture tsibi biyu gefe. Alƙali ya tambaye shi dalili. Ya ce na farkon ƙasar garin rairayi ce, ta taɓa ruftawa da ɗan baffansa, ko yana da ƙafa huɗu ba zai shiga ba, sun aiko ne kawai. Na biyun kuwa rijiyar masallacin Juma'a ce.

Ya ce, "Ubana bai taɓa karɓar ko anini a kanta ba, ni ma ban taɓa ba. Wanda ya yi bana ya karɓa, shi ya sani. Ni da na yi, ba kuɗi zan samu ba."

Malam Bala ya dubi tsibin, ya dubi Haruna, ya ce a mayar da na masallacin, shi zai gaya wa Alhaji. Alƙali ya girgiza kai. Ya ce abin da Haruna ya rasa a wannan rijiyar ba Alhaji ke biyansa ba, kuma Mai biyan ba ya bukatar muhuti.

Aka tsaya a kan goma sha uku. Aka cire kason masu jan ƙasa, aka cire na igiya da maƙeri, ya rage fam goma da sule goma. Aka haɗa da na gona, fam goma sha uku da sule goma sha huɗu, ban da abin da alƙali ya yanke na gajarcewar ƙafa, wanda ke wuyan direba da maigidansa. Na so a sa wani abu na rani mai zuwa, Malam Bala ya ƙi, ya ce na ƙafar ya ɗauke wannan, alƙali ya goyi bayansa. Har yau ina ganin da an ƙara ko fam biyu ne, amma sulhu ba a cin duka. Alhaji ya biya cikin kwana uku, motarsa ta fita daga shari'a. Haruna ya ƙi karɓar takardar fam, ya ce gara za ta ci, sai da aka je kanti aka canjo masa sulalla, ya ƙirga su da kansa ya ɗaure a hula. Mai sayen gona ya zo aka ba shi haƙuri. Gonar tana hannun jikokinsa yanzu.

Bayan wannan na canza yadda nake shiga gari. Ba na fara zuwa gidan mai rauni. Sai in sauka wurin dagaci, in wuce majalisar mahauta ko rumfar wanzami, in sha ruwa, in bar hira ta zagayo kansa da kanta. Wanda aka buge shi ne na ƙarshe da nake tambaya. Aikin bai sa na yi arziki ba, albashin En'e ne da abin da ba a rasa ba na kaza ko ƙwaryar gero, wanda nake karɓa bayan an gama shari'a, ba kafin ba. Amma ya ciyar da gidan nan, ya aurar da iyayenku, kuma ba garin da na taɓa shiga aka ɓoye mini tabarma.

Shekara biyu bayan nan wani aiki ya kai ni wurin da Alhajin nan ke awon gyaɗa, na ga taro a bayan rumfar sikeli. Ashe rijiya yake so a wurin saboda leburori da jakai, Malam Bala ya ce a ba Haruna. Na sami Haruna kwance rub da ciki a bakin ramin, sandarsa a gefe, mutum ɗaya a ciki, biyu suna ja. Ba ya sauka, amma duk kwandon da ya fito sai an kawo masa. Ya ɗebi ƙasar ya murza, ya sansana, wani lokaci ya ɗora a harshe, sannan ya leƙa ya gaya wa na ciki inda zai sa dagi. Ya ce yanzu ƙungiya biyu gare shi, samun bai kai na da ba, amma ana ci.

Aka jawo wani kwando, ya murza, ya ce wa na ciki saura kamu ɗaya, ya bi ta gefen gabas a hankali. Ni kuwa ƙasar busasshiya na gani, irin wadda aka yi ta fitarwa tun safe. Ya ga ina kallo, ya ɗebo ya miƙo mini, ya ce in sansana. Na sansana, na ce ni ban ji komai ba sai ƙasa.

Ya yi dariya, karo na farko da na ga haƙoransa. Ya ce, "To, Malam, kowa da ramin da yake gani."

Na fasa tafiya, na jingine keke na zauna. Kafin la'asar na ciki ya yi kira a sauko da ƙwarya. Aka jawo ta a hankali, ruwa ne, fari-fari da laka, yana rawa. Haruna ya yi bisimilla ya kurɓa, ya riƙe a baki kaɗan, ya haɗiye, ya ce ba gishiri. Sannan ya miƙo mini, na sha, na miƙa wa na kusa da ni.